Fashi ne ko fasa gida? Mu daidaita kan kalmar burglary

Jama'ar Gusau, ku matso, da magana. Shekaranjiya maƙwabcina ya fito da asuba ya tarar da kwaɗon shagonsa a ƙasa, an datse shi, buhun shinkafa biyu da kwalin taliya sun yi ƙafa. Ya je ba da rahoto ya ce an yi masa fashi. Ɗan sanda ya ɗago kai: "Alhaji, da bindiga suka zo ko da adda?" Ya ce ai shi barci yake a gida, bai ga kowa ba. Aka ce to ba fashi ba ne.

Ɗan sandan nan ya yi gaskiya. Fashi sai an yi ido da ido, an tsorata ka ko an sa maka ƙarfi an karɓe. In da makami, dokar soja ta 1984 kisa ta yanke. Abin da ya sami maƙwabcina shi Bature ke kira burglary. To mu me za mu ce?

Wani ɗan'uwa daga Ƙauran Namoda ya ce kawai a ce sata. Yayana, sata ai uwa ce, har mai sane a tasha ɗanta ne. Kuma ko mutum bai ɗauki tsinke ba, in ya ɓalle ƙofarka da niyyar aikata laifi, ya riga ya faɗa hannun doka.

An kawo "kutse". Tana da daɗi, sai dai 'yan intanet sun riga mu, yanzu da ka ce kutse sai a zaci Facebook ɗinka aka shiga. "Fashin gida" kuwa ban yarda da ita ba sam, ta mai da mu inda muka baro.

Ni dai "fasa gida" na riƙe, da ƙanwarta "fasa shago". Na san abin da za ku ce: wanda ya haura katanga fa, me ya fasa? Wanda ya zuro ta taga? Kundin laifuffuka na Arewa da ya fara aiki a 1960 duk ya haɗa su wuri guda: haura katanga, buɗe makulli, shiga ta inda ba a yi don shigar mutum ba. Ya kuma ware wanda aka yi da dare, daga faɗuwar rana zuwa fitowarta, hukuncinsa ya fi nauyi.

Malamanmu ma sun daɗe da wannan tunani. Da Zamfara ta kafa dokar shari'a a 2000 zamanin Yariman Bakura, ta raba sariƙa da hiraba, wato sata da fashi, kuma haddin sata ba ya tabbata sai an fitar da kaya daga hirzi, wato ma'ajiyar da aka saba tsare irinsu. Ashe abin da ake fasawa tsaron ne, ba lallai ƙyaure ba.

Malam daga Talatar Mafara, Allah ya gafarta, na ga gyaranka: in da dare ne a ce "fasa gida da dare". Na karɓa. 'Yan jaridarmu na rediyo, ga ta nan, ku ɗauka. Maƙwabcina kuma ya sayo sabon kwaɗo, biyu ma.