Relaid ko relayed? Tambaya kan kalmar Turanci ta sake shimfiɗa abu

Ɗalibar Fassara:

Assalamu alaikum. Malamai, ina neman haske kan wata kalma. A takardar kwangilar gyaran harabar wata makaranta da ake son mayarwa Hausa an rubuta: "The paving blocks shall be taken up and relaid." Can gaba a wani shafi kuma aka ce: "The instructions were relayed to the contractor." Ƙamus ya kai ni ga relay a duka biyun. Shin ɗaya kuskuren bugu ne, ko kuwa kalma ɗaya ce mai fuska biyu? Kuma yaya zan fassara jimlar farko ba tare da na taɓa ma'anar kwangilar ba?

Malam Na Nahawu:

Wa alaikumus salam, 'yar'uwa. Babu kuskure ko ɗaya a takardar. Kalmomi biyu ne da suka yi kama a rubutu, amma ba dangin iya ba na baba.

Ta farko haɗi ce: ɗafa-goshin re, mai ma'anar sake, aka liƙa wa aikatau lay, wato shimfiɗa, ajiye, kwantar ko jera abu. To ita lay ba ta bin dokar ƙara ed a shuɗaɗɗen lokaci. Ana cewa lay, laid, laid, kamar yadda pay ke komawa paid, say kuma said. Galibin kalmomin da aka gina a kanta sukan gaji wannan hali: mislay ta koma mislaid, overlay ta koma overlaid, inlay ta koma inlaid, waylay ta koma waylaid. Saboda haka relay ta sake shimfiɗawa dole ta koma relaid. Babu wata hanya.

Ta biyu kuwa babu lay a cikinta ko kaɗan, haruffan ne kawai suka zo daidai. Daga tsohon Faransanci ta shigo Turanci wajen ƙarni na 15, kuma asalinta maganar farauta ce: karnukan da ake ajiyewa a gaba, masu sauran ƙarfi, su karɓi waɗanda suka gaji. Daga nan ta koma kan dawakan da ake canzawa a zango-zango a doguwar tafiya, sannan ta zama duk wani abu da ake karɓa a miƙa gaba, saƙo ne ko sanda ko wutar lantarki. Wannan ita ce ke bin doka, ta ɗauki ed kamar delay da delayed, ko allay da allayed. Ita ce ta jimlarki ta biyu: an isar da umarni ga ɗan kwangila.

Inda matsalar take shi ne sigogi uku sun zo iri ɗaya sak: relay, relays, relaying. A shuɗaɗɗen lokaci ne kaɗai suke rabuwa. Idan kika ga "they are relaying the cable", rubutun kalmar ba zai gaya miki komai ba, sai kin dubi karɓau. In abin da aikin ya faɗa wa abu ne da ake iya ɗagawa daga ƙasa a mayar, kamar kafet, tayil, bulo, bututu, waya, ciyawar filin ƙwallo ko layin dogo, to ta shimfiɗawa ce. In kuwa saƙo ne, labari, umarni, shiri na rediyo, kuma galibi kalmar Turanci "to" na biye da shi don nuna wanda aka kai wa, to ta isarwa ce.

A baki ma akwai bambanci. Ta shimfiɗawa ana jan re ɗin sosai, sannan a ɗora nauyin murya a kan gaɓa ta biyu: rii-LEI. Idan suna ne, kamar na tsere ko na lantarki, nauyin a gaɓar farko yake: RII-lei. Aikatau ɗin isarwa kuwa za ki ji shi ta hanyoyin biyu, ya danganta da mai magana, don haka kada ki dogara da kunne kaɗai.

Wata kalma ta uku da ɗalibanmu ke cusowa cikin wannan rigima ita ce rely, dogara. A takardun jarrabawa ana yawan ganin "I relay on my father". Babu wannan a Turanci. Rely on ake cewa, a furta ta ri-LAI, shuɗaɗɗenta relied. Kuma layed ba kalma ba ce a daidaitaccen Turanci, komai yawan ganinta a Facebook.

Injiniyan Gini:

Allah ya gafarta Malam, bayani ya fita. Bari in ƙara ta ɓangaren aiki, don a takardar kwangila wannan kalma kuɗi ce.

Idan aka rubuta "take up and relay" ko "lift and relay", ana nufin a ɗebe kayan da ke wurin, a ajiye su gefe, a gyara ƙasa, a mayar da su ɗin dai. Ba a ce a sayo sabo ba. In sabo ake so, "replace" za a rubuta, ko "supply and lay". Farashin na farko ladan aiki ne da yashi da ɗan abin da ya fashe. Farashin na biyu har da kuɗin bulo gaba ɗaya. Ɗauki intalok mai tsawon milimita 200 da faɗin 100: guda 50 ke cika murabba'in mita ɗaya. Haraba mai murabba'in mita 300 ke nan bulo 15,000. Fassarar da ta sa mai makaranta ya zaci sabon bulo 15,000 za a kawo masa, alhali ɗan kwangila tsohon zai mayar, ta haɗa faɗa tun kafin a sauke tifar yashi.

Kuma 'yar'uwa ki lura, Hausar ma tana da nata tarkon. "A sake intalok" a kunnen Bahaushe na iya zama a canza shi, kamar yadda ake cewa ya sake riga. Don haka kar ki tsaya a sake kaɗai. Rubuta: "Za a ciccire bulon intalok da ke wurin, a adana shi, a sake shimfiɗa shi." Wannan shi na ƙarshe shi ne ke riƙe da ma'anar.

Abin da kalmar ta ƙunsa a wurin aiki kuwa, ga shi a jere. Ana fara cire bulo ɗaya daga gefe ko daga inda ya riga ya saki, sauran sai su biyo da sauƙi. A kankare ƙasar da ke jikinsu, a tara su kusa. A kwashe tsohon yashi duka, don ya riga ya cakuɗe da laka. Sai a duba abin da ya sa wurin ya lotsa tun farko, wanda kusan kullum ɗayan uku ne: ba a daddaɓe marmarar ƙasa da kyau ba, ko ruwa na kwanciya saboda babu gangara, ko dangwalin gefe, wato kerb ɗin da ke tare bulon, ya saki bulo ya baje. A cike, a bi da injin daɓe, a fitar da gangara kamar santimita 2 zuwa 2.5 a kowace mita zuwa wajen magudana. Sannan a baza sabon yashi mai kaifi, kaurin milimita 25 zuwa 40, a share shi da katako ya daidaita, kada kowa ya taka. A jera bulo da tazarar milimita 2 zuwa 5, a bi da inji, a share busasshen yashi mai laushi cikin tsagogin, a sake bi da inji. Masu cika ramin da ya lotsa da yashi zalla su mayar da bulo a kai, damina ɗaya ke tona musu asiri, don yashi mai kauri yana zamewa. A lissafi a bar kashi 5 zuwa 10 cikin 100 na bulon da zai fashe wajen cirewa, kuma a rubuta a takarda wa zai biya shi. A kuma duba kaurin bulon: mai milimita 60 na masu tafiya da ƙananan motoci ne, inda tifa ko tankar ruwa ke shiga sai mai 80. In tsohon 60 ne a hanyar manyan motoci, mayar da shi asara ce.

Tayil kuwa labarinsa daban. Wanda aka kafa da siminti da wuya ya fito lafiya, don haka in an ce "the floor was relaid" a maganar tayil, yawanci sabon tayil aka sa a tsohon wuri. Kalmar ita kaɗai ba ta yanke hukunci kan ko kayan tsoho ne ko sabo ba. Abin da ta tabbatar shi ne an taɓa shimfiɗa wani abu a wurin. Sauran jimlar ce ke fayyacewa, shi ya sa masu rubuta kwangila da suka san aikinsu ke ƙara "existing" ko "set aside for reuse".

Layin dogo misali ne mai kyau. Tsohon layin Legas zuwa Kano, mai faɗin milimita 1,067, yana nan tun zamanin Turawa, jirgi ya isa Kano a 1911. Duk inda aka ɗaga ƙarafunsa aka canza katakon ƙasa da tsakuwa aka mayar, "relaid" ne. Amma layin Abuja zuwa Kaduna da aka buɗe a 2016, mai faɗin milimita 1,435, sabon shimfiɗi ne a inda babu layi a da. Wannan "laid" ne kawai, sa masa re kuskure ne.

Mai Gyaran Rubutu:

Ni shawarata ga masu rubutawa da Turanci, ba masu fassarawa kaɗai ba: ku sa karan ɗori. Re-lay, re-laying. Turanci na da jerin kalmomi da karan ɗori ne kaɗai ke raba su da wata kalma dabam: re-sign sake sa hannu, resign ajiye aiki, re-cover sake rufewa, recover warkewa, re-form sake kafawa, reform gyara, re-sent an sake aikawa, resent jin haushi. Kanun labarin wasanni da ya ce ɗan wasa ya yi resign alhali re-sign ake nufi ya juya labarin kai a ƙasa. Haka re-lay take.

Kuma kada a dogara da manhajar gyaran rubutu ta kwamfuta ko waya. In ka rubuta "the pipes were relayed", ba za ta ja jan layi ba, don relayed kalma ce ingantacciya, wurin ne ba nata ba. Abin da jimlar ke cewa a zahiri shi ne an yi ta miƙa bututun hannu zuwa hannu.

Malam Na Nahawu:

Na yarda da kai rabi, Malam. A re-lay da re-laying karan ɗori na da amfani, musamman a kanun labari ko umarni gajere inda babu wadataccen bayani. Amma a relaid ba a bukatarsa, tun da babu wata kalma da za a rikita ta da ita. Ƙamusoshi ma ba su haɗu a kan magana ɗaya ba, wasu na jera ta da karan ɗori, wasu babu, wasu su nuna duka biyun. Takardun injiniyoyi galibi a haɗe suke rubuta ta. Abin da mai gyara zai kiyaye shi ne takarda ɗaya ta bi salo ɗaya daga farko har ƙarshe.

Tsohon Ɗan Jarida:

Sannunku da ƙoƙari. Abin da zan ƙara shi ne Hausa ba ta da kalma ɗaya da za ta ɗauki lay duka, don haka mai fassara ya bi abin da ake magana a kai. Kafet, tabarma, tayil, ciyawa da layin dogo ana sake shimfiɗa su. Bututun ruwa da wayar ƙarƙashin ƙasa ana sake binne su, ko a sake ja. Bulon gini ana sake jera shi ko a sake ɗora shi. Harsashi ana sake aza shi. "Relay the table" shi ne a sake jera kwanuka da cokula a teburin cin abinci, ba wai a kwantar da teburin ba. Masana tsuntsaye ma na amfani da ita: tsuntsuwar da aka ɓata wa sheƙa ta yi re-lay, wato ta sake saka wasu ƙwai. A nan za ki gan ta tsaye ba karɓau, kamar yadda ake cewa kaji sun fara lay.

Ɗaya relay ɗin kuma a ɗakin labarai fuska uku take zuwa da ita. A wasanni tseren miƙa sanda ne, mutum huɗu, mita 100 ko 400 kowanne. Irinsa ne na mita 400 sau huɗu na maza a gasar Olamfik ta Sidni a 2000, inda Nijeriya ta zo ta biyu, daga baya aka soke nasarar Amurka saboda shan ƙwayoyin ƙara kuzari, zinaren ya dawo hannun Nijeriya. A rediyo, "relay station" tasha ce da ke karɓar shiri ta ƙara masa ƙarfi ta tura gaba, kamar ta BBC da ke tsibirin Ascension a tekun Atilantika, mai turo shirye-shirye Afirka a gajeren zango. A mota kuma ɗan akwatin nan ne da masu gyaran wuta ke kira rile: ƙaramar wuta ta shiga ƙafa ta 85 da 86, ta ja maganaɗisu, shi kuma ya haɗa babbar wuta daga ƙafa ta 30 zuwa 87, fitila ko ham ko fanka ta tashi. Duka ukun karɓa ne a miƙa, babu shimfiɗa a ciki.

Ɗalibar Fassara:

Na gode ƙwarai, Allah ya ƙara sani. Saura guda ɗaya. A ƙarshen takardar an ce: "The kerbs that had lain loose were relaid." Me ya kawo lain a nan, ba laid ba?

Malam Na Nahawu:

Wannan daga lie take, kwanciya, wadda ba ta ɗaukar karɓau: lie, lay, lain. Kin ga shuɗaɗɗenta lay ya yi karo da ɗaya aikatau ɗin, shi ne ke rikita har Turawan kansu. Bambancin kwanta da kwantar ne a Hausa. Abu ya kwanta da kansa, lie. Wani ya kwantar da shi, lay. Dangwalayen sun daɗe yashe a ƙasa ba wanda ya taɓa su, shi ne had lain. Ma'aikata suka zo suka mayar da su mazauninsu, shi ne were relaid. Sai ki rubuta: "An sake kafa dangwalayen gefen da suka saki suke yashe a ƙasa." Kafa na zaɓa a nan maimakon shimfiɗa, don dangwali a tsaye ake dasa shi cikin kankare.