Baƙin murabba'in Malevich: zane ne ko ibada?

Ɗalibar Zane: Raina a ɓace yake. Yau wani malami ya ga hoton baƙin murabba'in Malevich, shahararren mai zanen nan, a hannuna, ya ce ko ɗan firamare zai zana. Jama'a, a 1915 a birnin Petrograd na Rasha, can sama a kusurwar ɗaki mutumin nan ya rataye shi, daidai inda Kiristocin Rasha ke ajiye hotunan waliyyansu. Ya cire bishiya, ya cire fuska, don zuciya ta ji abin da ido ba ya nuna mata. Yau in ka matsa kusa, fentin ya tsattsage, launukan da ya rufe suna leƙowa. Wannan a wurinsa ibada ce.

Mai Nazari: Ibada fa kika ce, 'yar'uwa? Ki janye kalmar nan. Ibada tana da wanda ake yi wa.

Ɗalibar Zane: Malam, cewa na yi a wurinsa.

Mai Nazari: Ko a wurinsa. Tunani ne, ba ibada ba.

Ɗan Alli: To Mondrian, mai zanen Holan, fa? A 1909 ya shiga ƙungiyar Tiyosofi ta masu neman ilimin baɗini. Layin tsaye da na kwance, ja da shuɗi da rawaya, daidaiton halitta yake nema da su. Wane suna za ka ba wannan?

Mai Nazari: Neman daidaito ba sujada ba ne.

Yayar Kowa: Kullum maza kuke lissafawa. Hilma af Klint ta Suwidin tun 1906 ta fara irin wannan zanen da ba ya kwaikwayon abin da ido ke gani, kafin Kandinsky, mai zanen Rasha, kuma don ɗakin bauta ta ce tana zanawa.

Ɗan Alli: Yaya, ba maganar maza da mata ake ba.

Yayar Kowa: Kai dama duk inda ƙanwar nan ta sa ƙafa nan kake sawa.

Ɗan Alli: Wallahi ban santa ba!

Baƙo: Masu adon Alhambra, fadar sarakunan Musulmi a Sifen, sun riga su duka da ɗaruruwan shekaru.

Yayar Kowa: Wannan ado ne na gini, kar ka haɗa.

Baƙo: Ado kika ce?

Ɗalibar Zane: Ni dai ba wanda ya ce komai kan abin da malamin ya yi min.

Mai Nazari: Bari in taƙaita, tunda dare ya yi. An yarda kalmar ibada ba ta dace ba, waɗanda suka kawo Mondrian da af Klint ma ba su musa ba. Batun Alhambra sai gobe.