Don Allah wane ne Oumarou Ganda, me finafinansa suka ƙunsa?

Ɗan_Fagge:
Salam 'yan uwa, masu sanin harkar fim na Nijar ku taimaka min. Ina ta jin sunan Oumarou Ganda, wai har a FESPACO, bikin finafinan Afirka, akwai kyauta da sunansa, to me ya yi haka? Irin namu ne na soyayya da rawa da waƙa ko kuwa?

Bazabarme:
Wa alaikumus salam. A'a ɗan uwa, ba irin wannan ba ne sam. Haifaffen Yamai ne, 1935, yana ɗan shekara 16 ya shiga sojan Faransa aka kai shi yaƙi can Biyetnam, da ya dawo babu aiki sai ya wuce Abijan yana dako a tashar jirgin ruwa, a nan Jean Rouch, wani Bafaranshe mai shirya fim, ya same shi ya sa shi a fim ɗin Moi, un noir na 1958. Abin da ke burge ni shi ne bai tsaya Bature na ba da labarinsa ba, ya koma gida ya koyi aikin, ya rubuta fim ɗin Cabascabo ya ba da umarni kuma shi ya fito a ciki. Labarin wani tsohon soja ne da ya dawo da kuɗin sallama, abokai da mata suka taya shi cinyewa, da aljihu ya bushe kowa ya watse, ƙarshe ya nufi ƙauye noma. Har a bikin finafinai na Cannes a Faransa an nuna shi a 1969.

'Yar_Maraɗi:
Ni fim ɗinsa Le Wazzou polygame ya fi taɓa ni wallahi. Alhaji ya dawo daga Makka da mata biyu a gida, ya ƙyalla ido kan yarinyar da aka riga aka yi wa wani saurayi alkawarinta, iyaye suka ga kuɗi suka ba shi, kishi ya kai har an yi kisa. Fim ɗin nan ne ya fara cin babbar kyautar FESPACO a Wagadugu, 1972. Har yau ana yi mana irin auren nan fa.

Ɗan_Fagge:
To yaya, ba cin mutuncin alhazai da malamai ba ne wannan?

'Yar_Maraɗi:
Haba malam, ba addini ya taɓa ba, masu fakewa da rawani suna zalunci yake nufi, ko fim ɗinsa Saitane ma a kan malamin tsibbu ne mai haɗa matar aure da wani attajiri.

Bazabarme:
Allah ya jiƙansa, ranar 1 ga Janairu 1981 ya rasu yana da shekara 45. Yawanci da Zabarmanci ake magana a finafinansa, sai ka nemi masu rubutun fassara a ƙasa.