Wai mene ne Hausar palliative?

Jama'a a taimaka min da wannan. Jiya da daddare muna zaune wajen mai shayi a Agege an kunna tashar talabijin ta Channels, masu sharhin siyasa sai nanata palliative suke yi ana ta ɗaga murya, sai wani dattijo mai sayar da albasa a kasuwar Mile 12 ya juyo ya ce min, "Yaro, a kan me suke wannan ja-in-ja?" Na ce Baba, maganar tallafi ce. Ya ajiye kofinsa ya ce to ba tallafin aka ce an cire ba?

Kuma fa yana da gaskiya. Ranar 29 ga Mayun 2023 da Tinubu ya sha rantsuwa ya ce tallafin mai ya ƙare, cikin kwana biyu uku lita ta tashi daga ƙasa da naira 200 ta kusa 500 a nan Legas. Daga baya aka zo da alkawarin naira 25,000 duk wata har wata uku ga gidaje miliyan 15, gwamnan Legas Sanwo-Olu kuma ya rage rabin kuɗin shiga motocin bas na BRT na ɗan lokaci, mu kuma duk muka haɗa muka kira su tallafi. Wanda aka ɗauke da wanda aka miƙo sunansu ɗaya, ta yaya magidanci zai auna su ranar da 'yan takara suka dawo neman ƙuri'a?

Nan take aka fara kawo kalmomi. Wani ya ce agaji, amma agaji ai na ambaliya ne ko gobara, abin da Allah ya sauko da shi, wannan kuwa gwamnati ce ta yanke shawara da kanta. Mai shayin ya ce toshiyar baki, na fahimci ɓacin ransa sai dai wannan zargi ne, ba fassara ba.

Ni dai na fi natsuwa da rage-raɗaɗi. A asibiti ma haka kalmar palliative take, maganin da zai sassauta zafi amma ciwon yana nan. Shinkafa mudu biyu, rage-raɗaɗi. Kuɗin da gwamnati ke cikawa don farashi ya zauna ƙasa, shi kaɗai a bar wa tallafi.

Da na faɗa wa Baba ya gyaɗa kai, ya ce yanzu ya gane, sannan ya tambaya ko namu ya iso Agege.

'Yan Idi-Araba da Obalende, ku me kuke ce masa a wajenku?