Wa ya ci ladan kuturu?

Ɗan Tasha: Jama'a ku raba mu. Wasu na son kafa masana'antar narka tsofaffin batura a bakin rafin garinmu, wai za su ɗebi matasa aiki. Jiya a ƙofar dagaci saura ƙiris a ba hamata iska. Kawuna ya miƙe ya ce "kowa ya ci ladan kuturu dole ya yi masa aski", ya kaɗe riga ya tafi. Da wa yake?

Malam Na-Zaure: Da ku mana. In kun karɓi albashi, ku shaƙi hayaƙin ku yi shiru. Maganar cika alkawari ce.

Uwar Biyu: A'a Malam, gargaɗi ne. Kafin a miƙa hannu ake duba kan da za a aske.

Baban Gida: Ladan ai tuni wani mai babbar riga ya zura a aljihu. Mu askar za a miƙo wa.

Ɗan Tasha: Wanda ya ƙaddamar mana da burtsatse ɗaya sau uku?

Baban Gida: Ni ban kama suna ba.

Hajjo: Kun ce batir, gabana ya faɗi, don dalma ce a ciki. Mu 'yan ƙasar Anka mun san ta. A 2010 maza na kwaso dutsen zinare, ana daka shi a tsakar gida. Kakata, Allah ya jiƙanta, agwaginta suka fara mutuwa ɗaya bayan ɗaya. Ta ce abin da ya kashe agwagwa ba zai bar ɗan goye ba. Ta kife turminta ta zauna a kai, ta ce sai dai a daka da ita. Matan gida suka ce baƙin ciki ne. Yara suka fara jijjiga, aka ce iska ce, sai da likitocin ƙungiyar agaji ta MSF suka zo aka gano gubar dalmar da ke cikin dutsen ce. Yara sama da 400 suka tafi a Zamfara, har ƙasar tsakar gidaje aka kankare. Amma fa babur ɗin da ya kai ƙanena asibiti, da kuɗin zinaren aka saya, kuma ita ta rungume shi a baya.

Uwar Biyu: Allahu akbar. Allah ya kai haske kabarinta.

Malam Na-Zaure: Amin. To ta hau babur, ta ci ladan ke nan ko ba ta ci ba?

Hajjo: Malam, da tana raye da ka sha taɓarya.

Sabon Ango: Ɗan Tasha, tsakani da Allah, nawa suka ce albashin?