Wata Shida Aka Ce Mini

Baƙon Fatakwal:
Salamu alaikum. Ga 'yan baitoci, wanda ya san zafin abin ya amsa.

Wata shida aka rubuta min a takarda,
Ga damina ta biyu, ban koma ba.
Fatakwal ruwa safe, ruwa da yamma,
Rigar da na shanya ba ta bushe ba.
Baƙin hayaƙi ya kwanta a taga,
Na goge na yau, bai hana na gobe ba.
An yanka ragon sunan ɗana a Zariya,
Ta waya na ji suna, ban ci naman ba.
Da na je Sallah na miƙa masa hannu,
Ya ɓuya bayan uwa tasa, bai san ni ba.

Matar Soja:
Yayana, kai ai ka gode Allah,
Wayarka na shiga, ba ta yanke ba.
Nawa na Monguno, can hanyar Baga,
Sati uku ban ji sallamarsa ba.
In baƙuwar lamba ta kira da dare,
Gabana ya faɗi tun ban ɗauka ba.
Na daka yaji, na soya dambun nama,
Har yau mai kai saƙo bai zo ba.
Kai dai kana ƙirga wata a kalanda,
Ni ba a ba ni ranar ƙirgawa ba.

Tsohon Direba:
Yara, ku matsa, ga tsohon hannu,
Tanka na ja, ba aikin ofis ba.
Na yi sati biyu a layin Apapa,
Ƙarƙashin mota, ba bisa gado ba.
Daga Ogere, Lokoja, har Tafa,
Babu mai shayin da ban sani ba.
Mu kaset muke cikawa da murya,
A kai gida, don ba mu ga bidiyo ba.
Ɗana, kira yaron kullum bayan magariba,
Ido ya manta, kunne bai manta ba.
Ke kuma 'yata, Allah ya dawo da shi,
Ba ni da baitin da zai ishe ki, ban ɓoye ba.

Baƙon Fatakwal:
Baba, na kira shi jiya da magariba,
Ya lashi wayar, bai ce komai ba.

Matar Soja:
Lasar ma gaisuwa ce, Yayana.
Ni zan tashi, waya na ƙara,
Kuma lambar ba wadda na sani ba.