Neman Shawara: Lissafin Hannu Ko Manhaja Wajen Koyon Nazarin Ƙarfin Gini?

Ɗalibi: Assalamu alaikum, manyanmu injiniyoyi. Ina shekara ta uku a fannin injiniyan gine-gine. Na iya shigar da gini a ETABS, manhajar nazarin ƙarfin gini, har ya ba ni sakamako, amma idan aka ba ni bim (sandar da ke kwance tana ɗaukar nauyin gini) mai zaune a kan ginshiƙai uku aka ce in warware da hannu, sai in rasa ta inda zan fara. Shin in ci gaba da fama da lissafin hannu, ko in duƙufa a kan manhaja, tunda da ita ake aiki?

Injiniya mai zanen gine-gine: Wa'alaikumus salam, ƙanena. Kafin ka taɓa kwamfuta, ka saba da zana yadda bim zai lanƙwasa idan nauyi ya hau shi. Ɗauki bim mai tsawon mita 6, da nauyin kilonuton 10 a kowace mita. Idan ajiye shi kawai aka yi a kan ginshiƙai biyu, ƙarfin lanƙwasa a tsakiya wL²/8 ne (w nauyin kowace mita, L tsawon bim), wato kilonuton-mita 45. Idan kuwa an ƙafe bakinsa biyu, tsakiyar za ta sauko zuwa 15, kowane baki ya ɗauki 30, kuma a can saman bim ne ke miƙewa, don haka a sama rodi zai zauna. Wanda bai san wannan ba, ko manhaja ta juya masa lissafi ba zai lura ba.

Malama a jami'a: Game da bim ɗinka mai ginshiƙai uku, ƙa'idojin daidaito uku ba su isa su warware shi ba, shi ya sa kake tsayawa. Ka koyi hanyar rarraba ƙarfin lanƙwasa wadda injiniyan Amurka Hardy Cross ya fitar a 1930. Tana da ɗan gajiyarwa, amma ita ke nuna maka cewa ɓangaren da ya fi tauri shi ke jan kaso mafi yawa.

Tsohon injiniya: Manhaja ba abar gudu ba ce, ɗana, sai dai ba a miƙa mata wuya. A 1991 gindin kankare na dandamalin haƙar iskar gas na Sleipner A ya nutse a teku a Norwe, saboda lissafin kwamfuta ya nuna ƙarfin yanka da ke kan wasu bangaye ƙasa da yadda yake da kusan rabi. Duk abin da ta ba ka, ka fara tara nauyin da ginshiƙai suka ɗauka, ka gani ko ya yi daidai da wanda ka ɗora.

Ɗalibi: Na gode ƙwarai, Allah ya ƙara basira. Malama, da bim zan fara ko da firam, wato haɗin bim da ginshiƙai?

Malama a jami'a: Da bim mai tazara biyu. Sai ya zauna maka sannan ka shiga firam.